Tsofaffin Wayoyin Hannu da Hausar da ke Kulle a Cikinsu

Duk ɗalibin da ya zauna ajin tarihin rubutun Hausa ya san irin yabon da ake yi wa mutanen da suka tsaya suka adana maganar jama'a a zamanin da ba wanda ya ɗauke ta a bakin kome. Akan ambaci Schön da labaran da ya ɗauko daga bakin Dorugu ya buga a 1885, da Frank Edgar da littattafansa uku na tatsuniyoyi waɗanda suka fito tsakanin 1911 da 1913, da kuma Malam Shaihu wanda ya rubuta wa Rattray abin da aka buga a 1913. Girman waɗannan rubuce-rubuce bai zo daga tsabtar Hausarsu ba. Ana riƙe su da daraja ne domin in ba don su ba, da an rasa shaidar yadda bakin Bahaushe yake a wancan lokaci. Manufar wannan maƙala ita ce ta jawo hankalin malamai da ɗalibai ga wata taska irin wannan wadda ke lalacewa a cikin akwatuna da lokokin gidaje, watau saƙonnin tes da muryoyin da ke cikin tsofaffin wayoyin hannu. Sa'an nan ta nuna cewa mabuɗin wannan taska, watau tsohuwar manhajar da ke haɗa waya da kwamfuta, abu ne da ya wajaba Sashen Hausa ya koyi sarrafa shi da hannunsa, kada ya zauna jiran masu gyaran waya su yi masa.

Wayar hannu irin ta GSM ta fara aiki a Nijeriya cikin watan Agusta na 2001, sa'ad da kamfanonin Econet da MTN suka buɗe layukansu. A shekarun farko kira yana da tsada ƙwarai, don naira 50 ake biya a kan minti ɗaya, ko da kuwa mutum sallama kaɗai ya yi ya kashe, har sai da Glo ya shigo a 2003 da lissafin daƙiƙa-daƙiƙa. Wannan tsada ita ta tura mutane ga rubutu. Kafin nan, in aka ɗebe malamai da 'yan jarida da marubuta da 'yan makaranta, yawancin Hausawa ba su rubuta Hausa sai wasiƙa ta kama, ita ma sau da yawa wani ake roƙo ya rubuta. Kwatsam sai ga tela da direba da ɗan tireda da amarya a ɗakinta duk suna rubutu kullum: gaisuwar Juma'a, sanarwar suna da ɗaurin aure, ta'aziyya, bin bashi, zancen soyayya, ba edita, ba malamin da zai bi da jan biro. Da wuya a nuna wani zamani kafin wannan da Hausawa masu yawa haka suka rubuta harshensu yadda suka ga dama. Zamanin kuwa bai daɗe ba, domin da shigowar BlackBerry da 2go da WhatsApp da wayoyin shafawa sai rubutun ya ƙaura, sharuɗɗansa kuma suka sake. Ke nan abin da ake magana a kai 'yan shekaru ne goma sha wani abu, waɗanda suka riga suka wuce.

Abin da ya sa rubutun waɗannan shekaru ya cancanci nazari shi ne ƙuncin da aka yi shi a ciki. Saƙo ɗaya ba ya ɗaukar fiye da harafi 160, har da tazarar da ke tsakanin kalmomi, in an wuce haka sai a raba shi biyu a ci kuɗin biyu. Jerin haruffan da aka tsara wa GSM a Turai ya tanadi haruffan Jamusanci da na Faransanci da wasu na Girkanci, amma babu ɓ, babu ɗ, babu ƙ. Ko da waya ta iya fitar da ɗaya daga cikinsu, shigarsa kan juya saƙon zuwa wani tsari dabam wanda harafi 70 kaɗai yake ɗauka. Watau ƙugiyar da aka sha fama kafin a tabbatar da ita cikin rubutun boko tun shekarun 1930, sai ga ta ta zama abin da ke ninka wa mai rubutu kuɗi. A cikin wannan ƙunci aka haifi irin su slm da lfy da ykk da ngd, aka kuma sami x a madadin z, kamar a xan xo, da q a madadin ƙ, kamar a qasa da qauna.

Akan yi wa x da q kuɗin goro a ce duk lalaci ne ko yayin samari. Amma wanda ya ɗauki tsohuwar waya ya dubi madannanta zai ga ba dalili ɗaya ya kawo su ba. Madanni na 9 yana ɗauke da w, x, y, z. Kafin a sami z sai an danna sau huɗu, x kuwa sau biyu. Ga harshen da ke gina lokaci mai zuwa da za, wanda zan da zai da za mu ba su rabuwa da jimlolinsa, ragin dannawa biyu a kowane wuri ba ƙaramin sauƙi ba ne, balle ma x ba shi da wani aiki cikin Hausa da za a ce zai rikita mai karatu. Sha'anin q dabam ne. Ana samun k da dannawa biyu a madanni na 5, ana samun q da dannawa biyu a madanni na 7, ba ragin kome. Ashe wanda ya rubuta qasa bambanci yake nema tsakanin ƙasa da kasa, ya ƙago wa kansa ƙugiya inda na'ura ta hana shi, mai yiwuwa ma da tasirin ajami inda ake rubuta wannan sauti da harafin ƙaf. To, amma wannan bayani na x zato ne, kuma a zato zai zauna har sai an sami saƙonni masu kwanan wata. In ya tabbata x ya yaɗu tun zamanin madannai goma sha biyu, bayanin ya tsaya. In kuwa sai zamanin BlackBerry mai cikakken jerin haruffa ya bayyana, bayanin ya rushe, sai a nemi wani. Haka nan a Jamhuriyar Nijar, inda tasirin Faransanci ya sa ake ganin sannou da tchikin, akwai tambayar da ke jiran amsa: in ɗan kasuwar Maraɗi da na Katsina suna musayar saƙo, wa ke sauka daga ƙa'idarsa ya bi ɗan'uwansa? Ba a amsa irin waɗannan tambayoyi da tuni, domin tuni yakan gyara abin da ya wuce. Sai da shaida, shaidar kuwa tana cikin wayoyin.

A wurare uku abin yake kwance: wani a kan katin sim, wani a ƙwaƙwalwar wayar kanta, wani kuma, musamman muryoyi da hotuna da 'yan gajerun bidiyo, a kan katin memori. Na ƙarshen nan ba shi da wuya, a zare katin a karanta. Matsalar tana ga na tsakiya, wanda ya fi yawa, don ba ya fita sai ta ƙofar da kamfanin wayar ya yi masa. Tun da yake Nokia ce ta cika hannayen mutane a waɗancan shekaru, ƙofar da aka fi bukata ita ce manhajar Nokia PC Suite, wadda a da takan zo a faifan CD cikin kwalin waya. Da ita ake kwafe lambobi da saƙonni da kalanda zuwa kwamfuta. Daga baya kamfanin ya fito da Ovi Suite, ya sake mata suna Nokia Suite a 2011, ita kuwa PC Suite sigarta ta ƙarshe, 7.1.180.94, ta fito a 2012. A watan Afrilu na 2014 Microsoft ya kammala sayen sashen wayoyin Nokia, daga nan waɗannan manhajoji suka zama marayu. Haka Sony Ericsson da Samsung da Motorola, kowanne yana da tasa, kowace kuma maraicin ya cim mata.

Wanda ya zo yau zai ɗora PC Suite ya haɗa ta da tsohuwar waya, abin da ya fi yiwuwa ya gani shi ne kwamfuta ta ce ba ta ga waya ba, ba tare da ta faɗi dalili ba. A nan mafi yawan mutane kan ce wayar ta mutu su jefar. Alhali kuwa tsakanin waya da allon kwamfuta akwai gaɓoɓi da dama, ɗaya in ta saki duk sun saki, aikin mai bincike shi ne ya bi su ɗaya bayan ɗaya. Batir ne mafi sauƙi, don irin BL-5C wanda wayoyi da yawa suka yi tarayya a kansa, kamar 1100 da 3100 da 6230 da N70, har yanzu ana samunsa a kasuwa. Kebul shi ne inda ake yawan tuntuɓe. Daga 2002 Nokia ta riƙa sa wa wayoyinta wani faffaɗan baki a ƙasa mai suna Pop-Port, amma kebul iri biyu ne ke shiga wannan baki ɗaya. Akwai DKU-5 da magajinsa CA-42, waɗanda ke da wata 'yar na'ura a cikinsu mai fassara tsakanin USB da tsohuwar hanyar da wayoyi irin su 3100 da 6100 da 6610 ke magana da ita. Akwai kuma DKU-2 da magajinsa CA-53, waɗanda ba su da wannan na'ura, domin wayoyinsu, irin su 6230 da 6630 da N70, suna jin USB da kansu. Duka biyun suna shiga daram, amma in aka sa na wannan a wancan, sai a kwana ana jira ba abin da zai motsa.

Bayan wannan akwai sha'anin jabu. Yawancin kebul ɗin CA-42 da DKU-5 da suka yi yawo a kasuwanni ba na ainihi ba ne, an yi su ne da na'urar PL2303 ta kamfanin Prolific ko kwaikwayonta. Kowace na'ura da aka jona wa kwamfuta tana bukatar wata ƙaramar manhaja da ake kira direba, wadda aikinta kamar na tafinta ne tsakaninsu. Sababbin direbobin Prolific an yi su ne su ƙi tsofaffin na'urorin da na jabu, sai a ga alamar gargaɗi ruwan ɗorawa a jerin na'urori tare da kuskure mai lamba 10. Maganin shi ne a nemo tsohon direba a ɗora, a kuma hana Windows sabunta shi, in ba haka ba da zarar ta sami intanet sai ta mai da sabon, a koma gidan jiya. Wayoyin da suka zo daga baya masu ƙaramin bakin USB sun fi sauƙi, amma su ma suna da nasu tarko biyu: kebul ɗin caji zalla ba ya ɗaukar bayani ko kaɗan, sa'an nan in an jona waya takan tambayi irin haɗin da ake so, wanda bai zaɓi PC Suite ba katin memori kaɗai kwamfuta za ta gani. Daɗin daɗawa, jerin aikin ma yana da ƙa'ida: a ɗora manhaja da direbobinta tukuna, sa'an nan a jona kebul. Wanda ya fara da jonawa, Windows kan yi gaban kanta ta ba na'urar direban da bai dace ba, sai an bi an cire shi kafin a ci gaba. In kebul ya gagara gaba ɗaya, wayar da ke da Bluetooth ana iya shiga ta nan, ko da yake da nawa.

Ita kanta Windows ta yi wa manhajar nisa. An rubuta PC Suite ne domin XP da Vista da 7. A kan 10 ko 11 wani lokaci takan yi aiki, wani lokaci ta ƙi, musamman da yake sababbin sigogi ba su karɓar direban da ba shi da sa hannun da suka amince da shi. Maimakon a yi ta kokawa da sabuwar kwamfuta, abin da ya fi shi ne a keɓe tsohuwa guda mai XP ko 7 domin wannan aiki kaɗai, ko kuwa a yi amfani da irin su VirtualBox a gina tsohuwar Windows a cikin sabuwa, a miƙa mata kebul ɗin kai tsaye. Sharaɗi ɗaya ne, kada a taɓa haɗa ta da intanet, domin Microsoft ya daina toshe ɓarakar XP tun Afrilu na 2014, ta 7 kuwa tun Janairu na 2020. Haka kuma kwafen PC Suite da ke yawo a shafukan da ba a san masu su ba, ba duka ke da lafiya ba; in an sami mai kyau guda, a adana shi kamar yadda ake adana asalin takarda.

Akwai kuma wayoyin da wannan manhaja ba ta san da zamansu ba, su ne kuwa na talakawa. Nokia 3310 ta 2000 da 1100 mai tocila ta 2003 ba su da bakin ɗaukar bayani a waje, 'yan tagullan haɗinsu suna ɓoye ne a ƙarƙashin batir. Ga 3310 da sauƙi, don saƙonninta a kan sim suke, sai a sa katin cikin na'urar karanta sim, ko a yi amfani da manhajojin sa-kai irin su Gammu da gnokii waɗanda ke jin yaren tsofaffin wayoyi. Ya kamata a sani cewa layin da aka rufe, kamar ɗimbin waɗanda aka toshe bayan umarnin haɗa layi da lambar shaidar ɗan ƙasa na Disamba 2020, bai rasa abin da ke kan katinsa ba. Kira ne kaɗai ya yanke. Sai dai a kiyayi lambar sirri: kuskure uku ya kulle katin, kuskure goma a lambar buɗewa ta biyu ya kashe shi har abada. Wannan ba wurin gwada sa'a ba ne.

Duk abin da aka zayyana a sama mai gyaran waya ya fi ɗalibin Hausa saninsa, to me ya sa ba za a kai masa ba? Dalili shi ne bukatarsu ba ɗaya ba ce. Mai gyara yana son waya ta tashi ta yi aiki, hanyarsa mafi sauri kuwa ita ce ya yi mata filashin ko ya mai da ita yadda ta fito daga kamfani, duka biyun kuma suna share abin da ke ciki ƙarƙaf. Shi a wurinsa an yi nasara, ga mai nazarin harshe kuwa an ƙone ɗakin karatu domin a gyara ƙofarsa. Haɗarin ma yana cikin manhajar kanta. Umarnin daidaita waya da kwamfuta hanya ce mai zuwa da dawowa, in an saita shi ba daidai ba, kwamfutar da ba kome a cikinta tana iya ɗora wofinta a kan lambobi da bayanan wayar. Umarnin mayar da ajiya da na sabunta manhajar waya su ma haka. Abu ɗaya ne halal ga mai bincike, watau ɗaukar kwafe daga waya zuwa kwamfuta, kada kome ya bi ta ɗaya ɓangaren. Wannan ladabi ba baƙo ba ne ga wanda aka koya wa yadda ake taɓa tsohon rubutun ajami a Gidan Arewa ko a Ma'ajiyar Tarihi ta Ƙasa da ke Kaduna, inda ba a yarda mutum ya gyara wasali ko ɗaya a kan asali ba, kome tabbacinsa cewa kuskure ne.

Fitar da kwafe ba shi ne ƙarshen aiki ba. PC Suite takan tara kome cikin fayil guda mai ƙarshen nbu, wanda ba ya buɗuwa sai da ita ko da wata manhajar sa-kai irin NbuExplorer. Wanda ya ajiye wannan fayil ya tafi, ya fid da abu ne daga wani kurkuku ya sa a wani. Tilas ne a juya saƙonnin zuwa rubutu tsantsa wanda kowace na'ura za ta karanta, muryoyin da aka ɗauka a tsarin AMR su ma a yi musu kwafe a tsarin da ya fi yaɗuwa, tare da barin asalin yadda yake. Ingila ta ga darasin wannan. A 1986 gidan rediyon BBC ya tattara bayanai da hotuna daga jama'a, galibi 'yan makaranta, ya zuba a kan wasu manyan faya-faye domin cikar shekara 900 da kundin Domesday na 1086. Ba a yi shekara ashirin ba sai da na'urar karanta faya-fayen ta yi wuyar samu, har masana daga jami'o'in Leeds da Michigan suka yi aikin ceto su a 2002, alhali kundin fata na 1086 yana nan ana karanta shi. Sai kuma batun kwanan wata, wanda shi ne ran aikin duka. Saƙon da ya shigo yana ɗauke da lokacin da cibiyar kamfanin layi ta buga masa, wannan abin dogaro ne ko da agogon wayar ya ɓace. Saƙon da aka aika kuwa, in a kan sim aka ajiye shi, ba shi da kwanan wata sam, sai a kimanta shi da amsar da ta biyo baya, kamar yadda ake kimanta takardar da marubucinta bai sa shekara ba.

Ba za a rasa masu cewa wannan gurɓatacciyar Hausa ce, bai kamata sashen da ke koyar da daidaitacciya ya ɓata lokaci a kanta ba. Amsar wannan gajeriya ce: koyar da ƙa'ida aiki ne, bayyana abin da mutane suka yi da harshe wani aiki ne, sashen kuwa duka biyun ya ɗauka. Wanda ke son ya san inda ƙa'idojin rabawa da haɗa kalmomi suka fi ba jama'a wuya, ba shi da madubin da ya fi dubban saƙonnin da ba wanda ya gyara. Wasu kuma za su ce a kunna wayar kawai a kwafe da hannu. Wannan yana yiwuwa ga saƙo ashirin, kuma inda duk dabara ta ƙare, ɗaukar hoton fuskar wayar ya fi babu. Amma ɗalibin da ya shekara uku ana horonsa a kan ƙa'idojin rubutu, hannunsa da kansa zai sa ƙugiya inda babu, ya raba kalmar da mai ita ya haɗe, ya mai da x zuwa z bai ma sani ba. Masu nazarin tsofaffin rubuce-rubuce sun daɗe da sanin cewa makwafi mai ilmi ya fi jahili ɓata asali. Game da masu cewa kebul da direba ba aikin Sashen Hausa ba ne, sai a tuna musu cewa rikoda da kaset ma ba a cikin nahawu aka same su ba, amma da malaman farko sun ƙi koyon sarrafa su, da waƙoƙin baka da yawa da ake nazari yau sun bi makaɗansu.

Sukar da ta fi nauyi, wadda bai kamata a yi mata amsar gaggawa ba, ita ce ta sirri. Tatsuniya ta kowa ce, saƙon tes kuwa tsakanin mutum biyu ne, akwai na miji da mata, akwai na bashi, akwai na rashin lafiya. Daɗa abin da ya fi wuya, wanda ya ba da wayarsa ya yarda ne a kan abin da ya rubuta, amma akwatin saƙonnin da suka shigo maganar wasu ce waɗanda ba a tambaye su ba, ga shi kuma su ne masu kwanan watan da ake bukata. Na'urar karanta sim ma wani lokaci takan tono saƙon da mai shi ya goge, domin gogewar sau da yawa alama kaɗai take sakewa, rubutun yana nan. Irin wannan ba a ba mai bincike ba, bai kuma halatta ya ɗauka ba. Akwai abin koyi a Jami'ar Louvain ta Beljiyam, inda a 2004 aka roƙi jama'a su ba da kyautar saƙonninsu na Faransanci domin ilmi, aka sami sama da 70,000, aka cire sunaye da lambobi, aka fitar da 30,000 domin masu nazari. A can masu saƙon ne suka zaɓi abin da za su tura. A nan ma haka ya kamata: mai waya ya zauna a gaban allo ya ware abin da ya yarda a ɗauka, a ba shi cikakken kwafen kayansa ya tafi da shi, a goge saura a gabansa. A cire suna da lamba da duk abin da zai nuna mutum, a bar gari da jinsi da kimanin shekaru da irin karatun da marubucin ya yi, boko ko allo ko duka biyu. Dokar kare bayanan jama'a ta Nijeriya ta 2023 ta sa wannan ya zama wajibi, amma tun kafin doka akwai amana. Wayar mamaci kuwa sai da yardar magada, wasu kuma ko an yarda ya fi kyau a bar su a rufe. Lalle ta wannan hanya za a yi hasarar saƙonni masu amfani da yawa, hasara ce kuwa da ya kamata a ɗauka.

Abin da ake bukata domin a fara bai kai kuɗin taron ƙara wa juna sani guda ɗaya ba: tsohuwar kwamfuta, da akwatin kebul iri-iri kowanne da takardar da ta nuna wayoyin da yake yi wa aiki, da 'yan batura, da na'urar karanta sim, da littafin rajista inda za a rubuta irin wayar da ranar da aka karɓe ta da hanyar da aka bi har ta buɗe. Sashen Kimiyyar Kwamfuta zai taimaka wajen gina tsohuwar Windows. Tsofaffin masu gyara na kasuwanni irin Farm Centre a Kano, waɗanda suka yi zamani da waɗannan wayoyi, a wurinsu za a sami kebul da sanin makamar da ba a rubuta ba, a je musu da girmamawa a matsayin malamai, sai dai wayar kada ta bar hannun mai bincike. Su ma kansu abin a yi hira da su ne, domin kalmomin sana'arsu ba su shiga ƙamus ba tukuna, kamar yadda fassarar Hausa da ke cikin jerin umarnin wasu wayoyin Nokia take jiran mai nazari. Ɗaliban shekarar ƙarshe, waɗanda kullum ake kuka da su a kan maimaita taken kundin da aka riga aka rubuta sau biyar, ga fili nan da ba a taɓa nomawa ba. Kowane ɗalibi in ya koma hutu ya tambayi gidansu, da wuya a rasa waya ɗaya ko biyu a ƙasan akwati. Farkon abin da zai yi ma ba ya bukatar kwamfuta: ya buɗe bayanta ya cire batir, domin wanda ya daɗe a ciki yakan kumbura ya lalata wayar, sa'an nan ya roƙi mutanen gida kada su ba 'yan gwangwan ita in sun zo saye.